Daga Cebu Zuwa Fim Ɗin Himala

Mai karatu, in kana son gane finafinan Filifin, sai ka fara da cocin Katolika. A 1521 Magellan ya isa Cebu, aka yi wa Sarki Humabon baftisma. Ko sati biyu ba a cika ba mutanen Lapu-Lapu suka kashe baƙon a Mactan. Sifaniyawa suka dawo a 1565, suka mulki ƙasar har 1898, addininsu ya kafu, sai dai Musulmin kudu suka ƙi miƙa wuya.

Shi ya sa fim ɗin Himala na 1982 ya girgiza su. Nora Aunor ta fito a matsayin yarinyar da ta ce ta ga Maryamu, mutanen gari suka mai da abin kasuwa. Ran da ta ce babu wata mu'ujiza, ran nan aka harbe ta.