Asalin Wasan Barkwanci Tsakanin Ƙabilu

A Paikon Kore, wato garin nan na ƙasar Gwagwalada inda hukuma ta keɓe wa makiyaya hurumin kiwo a tsakiyar ƙasar Gwari, ba abin mamaki ba ne Babarbare mai fataucin shanu ya tari Bafulatanin da bai taɓa gani ba, ya kira shi bawansa a bainar jama'a, ya fizge masa sanda, amma maimakon rai ya ɓaci sai wuri ya kaure da dariya, har shi wanda aka zaga.

Wanda ya yi nazarin tarihi zai tarar cewa galibin wannan wasa a kan tsohuwar gaba aka gina shi. Fulani da Barebari sun gwabza bayan jihadin Shehu Usmanu na 1804, har Birnin Ngazargamu, babban birnin Barebari, ya faɗi a 1808, kuma Shehu Laminu na ɓangaren Barebari da Muhammadu Bello na ɓangaren Fulani suka yi ta musayar wasiƙu a kan halaccin yaƙin. Da ƙura ta lafa, sai jikoki suka mai da abin da aka zubar da jini dominsa ya zama abin raha. Haka Kanawa da Zage-zagi, Katsinawa da Nufawa, Gobirawa da Yarbawa. A cikin gida kuwa akwai taubasai, waɗanda ke bin juna kuɗin shara ranar 10 ga Muharram.

A nan ne, a ganina, sirrin dariya yake, domin kalmar da za ta jawo husuma a bakin baƙo ita ce ke sa nishaɗi a bakin abokin wasa, saboda zuciya ta riga ta sakankance cewa babu cuta a bayanta. Masanin nan na Ingila, Radcliffe-Brown, ya rubuta kusan haka a 1940, alhali kakanninmu sun daɗe suna aiki da shi. Malamai ma sun rarrabe mizahi, wanda shari'a ta halatta muddin babu ƙarya a ciki, da izgili, wanda Suratul Hujurati ta hana.

Jamhuriyar Nijar ta sa UNESCO ta shigar da al'adar cikin gadon ɗan Adam a 2014. Mu kuwa, tun da aka ƙirƙiro Babban Birnin Tarayya a 1976 jama'a suka kwararo daga kowace nahiya, yara da yawa suna tashi a Gwagwalada ba wanda ya gaya musu ko su wane ne abokan wasansu, kuma wannan yana damuna ƙwarai.