Zaman Mazalim: Tarihin Kai Ƙarar Mai Ƙarfi

Idan ɗalibi ya nemi a nuna masa abin da zai karanta a kan haƙƙin ɗan Adam da falsafar shari'a, galibi akan fara masa da sanarwar da Majalisar Ɗinkin Duniya ta zartar a birnin Faris ranar 10 ga Disamba 1948, kuma babu aibi cikin haka. Sai dai a ganina, wanda bai san tarihin zaman mazalim ba, wato ranar da sarki ke keɓewa domin sauraron kukan talakawa a kan hakimansa da danginsa, bai riski mas'alar da ta haifi fannin ba tukuna. Mas'alar ita ce: idan wanda ya ci haƙƙinka shi ke riƙe da takobi da baitulmali, har alƙali ma yana shakkarsa, ina za ka kai ƙara?

Malaman sira sun ruwaito cewa tun kafin Annabci wani fatake daga Zubaidu ta ƙasar Yaman ya sayar wa Asi ɗan Wa'ilu kaya a Makka, aka hana shi kuɗinsa, ya hau dutsen Abu Ƙubaisi ya yi ta kururuwa, har waɗansu gidajen Ƙuraishawa suka taru a gidan Abdullahi ɗan Jud'ana suka yi rantsuwar tsayawa tare da duk wanda aka zalunta. Wannan shi ne Hilful Fuduli, wanda Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya halarta yana saurayi, ya kuma yabe shi bayan Musulunci.

Wanda ya tsara al'amarin a rubuce shi ne Alƙali Mawardi, Bashafi'e, wanda ya rasu a Bagadaza a 450 bayan Hijira, daidai da 1058, kuma babin mazalim na littafinsa Ahkamus Sulɗaniyya shi ne abin da nake so ɗalibi ya fara da shi. A can ya bayyana cewa Abdulmalik ɗan Marwanu ne ya fara ware rana domin duba takardun koke, Umaru ɗan Abdul'azizu kuwa ya zauna da kansa, ya mayar wa masu su dukiyoyin da danginsa Banu Umayya suka ƙwace. Ya lissafa abubuwa 10 da majalisar ke dubawa, cikinsu har da zaluncin gwamnoni, da ƙarin da masu karɓar haraji ke ɗora wa mutane, da ha'incin magatakarda, da jinkirin albashin sojoji, da zartar da hukuncin da alƙali ya yanke amma ya kasa aiwatarwa saboda girman wanda hukuncin ya hau kansa. Majalisar ba ta cika sai da dogarai, da alƙalai, da fuƙaha'u, da marubuta, da shaidu, domin kwarjinin sarauta da natsuwar shari'a su haɗu wuri guda. Ya kuma kawo labarin Halifa Ma'amun, wanda yakan zauna ranar Lahadi, yadda wata mata cikin tsummoki ta kawo ƙarar ɗansa Abbas a kan gonakinta, aka zaunar da ɗan halifa daidai da ita, muryarta ta rinjayi tasa, wani bafade ya tsawata mata, halifa ya hana shi, aka mayar mata da abinta.

Wannan koyarwa ta iso ƙasar Hausa da wuri. Shehu Magili na Tilimsan, da ya sauka Kano a zamanin Muhammadu Rumfa, wanda ya yi sarauta daga 1463 zuwa 1499, ya rubuta masa Tajud Dini, inda ya yi ta nanata haɗarin sarki ya shiga hijabi ga barin talakawansa, ya kuma hore shi da zama kullum a inda mai rauni zai iya riskarsa. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo a Kitabul Farƙi ya ambaci zaluncin sarakunan zamaninsa da sunayensa na Hausa, irin su jangali da kuɗin gari da gaisuwa da kamuwa, wato kama dabbar talaka a ɗora mata kayan sarki ba da yardarsa ba. Ƙanensa Malam Abdullahi kuwa ya wallafa wa mutanen Kano Liya'ul Hukkami domin su san iyakar mai mulki.

To, amma gaskiya ta wajabta a faɗi raunin wannan tsari, domin duk kyansa a kan taƙawar mutum ɗaya ya dogara, kamar rumfa mai dirka guda. Mawardi da kansa ya nuna cewa Muhtadi, wanda ya rasu a 870, shi ne na ƙarshe cikin halifofin Abbasiyawa da ya zauna zaman nan. Bawa kuma, wanda ake saye da sayarwa a kasuwa, bai sami wata ƙofa a nan da za ta fitar da shi daga bauta ba. Mafi tsanani, idan sarkin ne abokin husuma, shi ne kuma mai hukunci, kuma 'yan jam'iyyar NEPU da aka riƙa gurfanarwa a kotunan alƙalai da na sarakuna a shekarun 1950 sun ɗanɗani ɗacin haka. Saboda wannan ne nake ganin wajibi ɗalibi ya haɗa da risala ta biyu a kan mulki ta John Locke na Ingila, wadda ta fito a 1689, inda ya kafa hujja a kan ɓarnar mutum ya zama alƙali a shari'ar kansa, da kuma littafin Montesquieu na Faransa na 1748 a kan raba ikon shari'a da na zartarwa.

A Nijeriya hukumar Willink, wadda ta binciki fargabar ƙananan ƙabilu, ita ta ba da shawara a 1958 a rubuta haƙƙoƙin ɗan ƙasa cikin tsarin mulki, aka ɗauko su galibi daga yarjejeniyar Turai ta haƙƙin ɗan Adam ta 1950, suka shiga tsarin mulkin 1960. An soke kotunan sarakuna a 1967, aka kafa Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a a 1975, kuma yau sashe na 46 na tsarin mulkin 1999 ya ba duk wanda aka keta haƙƙinsa damar zuwa babbar kotu ba tare da jiran ranar da mai mulki ya ga dama ba. Wannan ci gaba ne na haƙiƙa, ko da yake kuɗin lauya da ɗage-ɗagen shari'a sun zama sabon hijabi tsakanin talaka da adalci.

Ya kai ɗalibi, nemi babin mazalim na Mawardi ka ajiye shi kusa da babi na huɗu na tsarin mulkin ƙasarka, ka karanta su tare a gaban malami wanda ya san fiƙihu da doka, sa'an nan ka je kotun majistare mafi kusa da kai ka zauna a benci na baya ka saurari shari'ar talakawa.