Hoton 'Yar Makaranta a Finafinan Hausa: Waiwaye Daga Ƙasar Gobir

Manufar wannan takarda ita ce bin tarihin yadda ake siffanta 'yar makaranta a finafinan Hausa, sa'an nan a auna hoton da halin 'yan matan Sabon Birni da Isa.

Da farko ya kamata mu tuna cewa ilmin mata ba baƙo ba ne a ƙasar Sakkwato. Nana Asma'u 'yar Shehu, wadda ta rasu a 1864, ta kafa tsarin 'Yan Taru, inda jajoji ke kai karatu ga matan ƙauyuka. A lokacin, mace mai ilmi abar girmamawa ce.

Da zuwan boko, musamman bayan shirin ilmin firamare kyauta na 1976, sai aka fara yi wa 'yar makaranta kallon biyu. Balaraba Ramat Yakubu ta kāre ta a littafinta Wa Zai Auri Jahila? na 1990, shekarar da ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da fim ɗin Turmin Danya a Kano. Amma masu shirya finafinan da suka biyo baya sun tashi ne da kallon finafinan Bombai, waɗanda 'yan kasuwa Kwarori suka daɗe suna nunawa a gidajen siliman Arewa. Daga can aka aro ɗalibar da ba a ganinta a aji, sai a lambu tana waƙa. Da aka shiga fassara finafinan Tamil da Telugu da Hausa bayan 2010, sai aka ƙaro wata siffa, watau 'yar kwaleji mai girman kai wadda jarumi ke ladabtarwa.

To, wannan hoto bai yi kama da 'yar Gobir ba. Bayan sace ɗaliban Jangebe ta Zamfara a 2021, gwamnatin Jihar Sakkwato ta rufe makarantun kwana na wajen birni, 'yan bindiga kuma suka tayar da ƙauyukan Isa da Sabon Birni. Yarinyar da ta tsallake wannan har ta kai Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo ta sha gwagwarmaya, ita da iyayenta.

A ƙarshe, uban da ke shawarar barin ɗiyarsa ta wuce sakandare yakan tuna abin da ya gani a fim. Saboda haka wajibi ne masu fim su koma ga tarihin jajoji da rayuwar waɗannan 'yan mata, su ba da labarinsu yadda yake.