Lauyan Arewa na farko, wanda aka haifa a Anacha

A wannan makon mun waiwayi tarihin wani dattijo da ya kamata 'ya'yanmu su san sunansa, wato marigayi Alhaji Abdulganiyu Folorunsho Abdul-Razaq, Mutawallin Ilori kuma Tafidan Zazzau. Shi ne ɗan Arewa na farko da ya zama lauya. Abin da ya sa muka zaɓe shi kuwa, a Kudu aka haife shi, a Kudu ya yi karatu, kamar yaranmu na yau.

An haife shi ranar 13 ga Nuwamba, 1927, a Anacha, garin kasuwa da ke bakin Kogin Kwara. Iyayensa mutanen Ilori ne da ke zaune a can, kuma a lokacin Ilori lardi ce a cikin Jihar Arewa. Ya yi firamare a makarantar mishan a Anacha, ya yi sakandare a Buguma ta ƙasar Kalabari. Yana cikin ɗaliban farko da suka shiga Kwalejin Jami'a ta Badun da aka buɗe a 1948. Daga nan ya wuce Kwalejin Trinity da ke Dublin, sannan ya karanci aikin lauya a Inner Temple ta Landan, ya zama cikakken lauya a 1955.

Sai mun tuna yadda Arewa take a lokacin kafin mu gane girman abin. Shekaru biyar kacal suka rage a samu mulkin kai. Ana ta tarukan tsara kundin mulki a Landan da Legas, kuma jam'iyyun Kudu cike suke da lauyoyi. Shi kansa Cif Obafemi Awolowo, jagoran Action Group, lauya ne. Arewa tana da alƙalai masana shari'ar Musulunci, amma ba ta da ɗanta ko guda da ya san dokar Bature ciki da waje. Duk wanda ƙararsa ta kai babbar kotu, sai ya nemi lauya daga wani wuri.

Da ya dawo gida sai ya buɗe ofishinsa a Zariya. Bai daɗe ba jam'iyyar NPC ta Sardauna Ahmadu Bello ta naɗa shi mai ba ta shawara kan harkokin shari'a.

Babbar jarabawarsa ta zo ne a kan garinsu. A tsakiyar shekarun 1950 wata ƙungiya mai suna Ilorin Talaka Parapo ta taso, tana kukan yadda hukumar En'e ke tafiyar da talakawa. Ta ƙulla ƙawance da Action Group, ta yi rinjaye a zaɓen majalisar Ilori a 1957, kuma aka fara neman a cire Ilori daga Arewa a haɗa ta da Jihar Yamma. A shekarar ce Ingila ta kafa kwamitin Willink don sauraron koken ƙananan ƙabilu, aka kuma ɗora masa duba wannan batu na iyaka. Abdul-Razaq ya tsaya a ɓangaren masu cewa Ilori ta zauna inda take. Kwamitin ya miƙa rahotonsa a 1958, kuma ba a taɓa iyakar ba. Mutanen Ilori sun rabu biyu a kan maganar, kuma kowane ɓangare yana da hujjarsa. Abin lura a nan shi ne, makomar lardi guda ta rataya ne a kan takardu da hujjoji da aka gabatar gaban kwamiti, kuma a wannan karon Arewa tana da nata lauyan.

Daga nan siyasa ta ja shi. Ya zauna a Majalisar Dokokin Arewa da ke Kaduna daga 1960 zuwa 1962. Aka tura shi jakadan Nijeriya a Kwaddibuwa daga 1962 zuwa 1964. Ya dawo ya shiga majalisar tarayya, ya riƙe muƙamin ƙaramin minista har sojoji suka yi juyin mulki a Janairun 1966.

Da Janar Yakubu Gowon ya ƙirƙiro jihohi 12 a watan Mayun 1967, lardunan Ilori da Kabba suka zama jiha guda, wadda aka sa wa suna Kwara. Abdul-Razaq ya koma gida ya zama kwamishinan kuɗi a gwamnatin David Bamigboye, a lokacin da ake yaƙin basasa kuma sabuwar jihar ba ta da wani abin kirki a asusu. Daga baya ya riƙe ma'aikatar lafiya. Ya kuma kafa makarantar sakandare a Ilori, wadda gwamnati ta karɓa daga baya.

Bai yar da aikinsa na asali ba. Ya samu lambar babban lauya ta SAN, ya kuma shugabanci Kasuwar Hannayen Jari ta Nijeriya daga 2000 zuwa 2003. 'Yarsa Khairat Gwadabe ta wakilci Abuja a Majalisar Dattawa daga 1999 zuwa 2003. Ɗansa AbdulRahman, wanda aka haifa a Zariya a 1960, ya zama gwamnan Kwara a 2019. Allah ya yi wa dattijon rasuwa ranar 25 ga Yuli, 2020.

'Yan uwa, mu da muke zaune a nan mun san inda ke mana ciwo: rigimar filin kasuwa, takardar rumfa, haraji iri-iri, da yaron da aka kama ba a san wanda zai je belinsa ba. Duk waɗannan a gaban doka ake warware su. Sau nawa muke haɗa kuɗin ɗaukar lauya, kuma sau nawa muka haɗa kuɗin karatun yaron da zai zama lauyan? Iyayen Abdul-Razaq baƙi ne a Anacha, amma sun sa ɗansu a makarantar da suka samu a kusa, suka bar shi ya kai ƙarshenta. Shekaru 30 bayan haihuwarsa, Arewa gaba ɗaya ta amfana da wannan shawara tasu.

Allah ya jiƙansa da rahama, ya shirya mana zuriya. Amin.