Mutumin da Ke Tsaye a Gefen Kyamara

Tashar talabijin ta Wad Madani ta fara aiki a farkon shekarun 1970 da taimakon Jamus ta Yamma, kimanin shekara goma bayan ta Omdurman, wadda aka buɗe a 1962, shekarar da Kaduna ma ta samu tata. An kafa ta ne domin manoman Gezira, ƙasar audugar da ke shan ruwan madatsar Sennar tun 1925. Nan ne dubban Hausawa suka zauna, wasu jikokin waɗanda suka yi hijira bayan yaƙin Burmi na 1903, wasu kuma maniyyata ne da hanyar Makka ta ajiye.

Idan ana tuna irin waɗannan tashoshi, mai karanta labarai ake ambata. Ni kuwa wanda ya fi ɗaukar hankalina shi ne manajan ɗakin shiri, mutumin da ke tsaye a gefen kyamara da abin sauraro a kunne. Darakta yana wani ɗaki daban yana kallon allo, ba ya iya yi wa waɗanda ke gaban kyamara magana sai ta bakinsa. Shi kuma bakin nan a rufe yake, domin makirfo ba ya barin ko tari ya wuce. Sai hannu. Ya ƙirga daƙiƙun ƙarshe da yatsu, ya nuna ka, ka fara. Ya ja hannuwansa kamar mai miƙar da roba, ka tsawaita zance. Ya juya yatsa, ka tattara. Ya gitta hannu a maƙogwaro, ka yi shiru nan take. Mu ma a rediyo muna amfani da wasu daga cikin alamun nan ta bayan gilashi, amma mu ba a ganinmu, muna iya gyaɗa kai. Mai gabatarwa a talabijin dole ya fahimci alama da gefen ido, fuskarsa ba ta nuna komai ba.

Kafin a fara, shi ke zana wa kowa wurin tsayawa da alli, ya kawar da wayoyin kyamara masu kauri kada wani ya yi tuntuɓe. A tashar manoma aikin ya fi wuya. Baƙon shirin malamin gona ne ko dattijon ƙauye da bai taɓa zama ƙarƙashin fitilu masu zafi haka ba. Wa zai ɗaga wa dattijo hannu ya katse shi yana tsakiyar magana? Sai an lallashe shi tun farko, an bayyana masa cewa ba raini ba ne, agogo ne.

Abin da aka watsa kai tsaye ya tafi ke nan. Na'urar ɗaukar bidiyo ta kamfanin Ampex ta fito tun 1956, amma kaset ɗinta mai faɗin inci 2 yana da tsada, don haka tashoshi da yawa, har BBC, sukan goge shiri su ɗauki wani a kai. Ko a shirye-shiryen da suka tsira, kyamara ba ta waiwayo ta ɗauki wanda ke tsaye a gefenta ba.