2.3 Oumarou Ganda da Tarihin Tsohon Soja a Fim

Wannan sashe zai yi nazari ne a kan yadda finafinai masu zaman kansu suka adana tarihin sojojin Afirka da Faransa ta kai yaƙi, tare da kafa hujja da rayuwar Oumarou Ganda na Jamhuriyar Nijar.

An haifi Ganda a birnin Yamai a shekarar 1935. Yana ɗan shekara 16 ya shiga sojan Faransa, aka tura shi yaƙin Indocin, wato yankin da ƙasar Biyetnam take a yau. Bayan an sallame shi bai sami aikin yi a gida ba, saboda haka ya tafi ci-rani Abijan, inda ya yi dako a tashar jiragen ruwa. A can ne ya haɗu da Bafaranshen nan Jean Rouch, masanin al'adu kuma mai shirya fim.

Daga wannan haɗuwa aka sami fim ɗin Moi, un noir, wato "Ni, Baƙar Fata", wanda ya fito a 1958. An ɗauke shi ne a unguwar Treichville da ƙaramar kyamara, ba tare da ɗaukar sauti ba. Daga baya aka nuna wa Ganda hotunan, shi kuma ya riƙa magana a kansu da ka. Wannan sabon salo ya ba ɗan wasa damar bayyana kansa da bakinsa. A ƙarshen fim ɗin an gan shi a bakin ruwa yana kwaikwayon yadda suka gwabza yaƙi a Indocin. Sai dai duk da haka, kyamara da tace hotuna suna hannun Rouch.

Wannan giɓi ne Ganda ya cike da fim ɗinsa na farko, Cabascabo, wanda ya shirya da harshen Zabarmanci, ya kuma fito a matsayin jarumi. Labarin tsohon soja ne da ya dawo gida da kuɗi, abokai suka taya shi cinyewa, sannan suka watse. An gina labarin a bisa salon waiwaye, inda fagen fama yake faɗo wa jarumin a rai a tsakiyar rayuwar birni. An nuna fim ɗin a bikin Cannes a 1969, ya kuma sami lambar yabo a Masko a wannan shekara. Bugu da ƙari, a 1972 fim ɗinsa Le Wazzou polygame ya ci babbar kyautar FESPACO ta farko a Wagadugu. Ganda ya rasu a 1981.

Daga bayanan da suka gabata, za a fahimci cewa muhimmancin Cabascabo shi ne komawar labarin hannun mai shi, domin wanda ya ga yaƙin da idonsa shi ne ya zaɓi abin da za a tuna da yadda za a nuna shi.