Ganyen farin damina: tarihin kwaɗo a ƙasar Adar

A garin Tawa da ƙauyukan arewacin Adar, ruwan farko na damina yakan tarar da rumbu ya yi ƙasa. Kafin hatsi ya nuna akwai wata biyu ko uku na jira, kuma a cikin wannan tsakanin ne mata ke fita da ƙwarya su tsinko tafasa da gasaya da yaɗiya. Sai a dafa ganyen a tsane shi, a marmasa ƙuli-ƙuli, a yanka albasa, a barbaɗa barkono da gishiri. Wannan shi ne kwaɗo, cimakar da ta riƙe Adarawa a shekarun wadata da na fari.

Abin mamaki, irin wannan cimaka ce masu hali ke nema yau a Turai da Amurka da sunan "paleo", wato cin abincin mutanen da, tun kafin a san noma: nama da ganye da ƴaƴan itace, ba tare da hatsi ba. Littafin Loren Cordain na 2002 ya yaɗa wannan ra'ayi. Can zaɓi ne. A Adar kuwa, barin hatsi bai taɓa zama ganin dama ba.

Tarihi ya shaida haka. A yunwar Kakalaba ta 1913 zuwa 1914, da ta farar 1931, da farin 1973 da na 1984, daji ne ya zama rumbun talaka. An ci ganyen jiga da na aduwa, an sussuka ƙarangiya, an jiƙa ƴaƴan anza kwana da kwanaki ana sake musu ruwa har ɗacinsu ya fita. Haka aka sake yi a 2005, shekarar da hotunan masu cin ganye suka zagaya duniya, shugaba Tanja Mamadu kuma ya musanta cewa ana yunwa. Daga nan ne wani tabo ya manne wa ganyen: ya zama alamar rashi, abin da ake ɓoye wa baƙo.

Ostareliya da Habasha ma suna da hannu a wannan tarihi. Tony Rinaudo, ɗan Ostareliya da ya zo Maraɗi a 1981, ya lura cewa kututturan da ke gonaki suna da rai. Daga 1983 ya shiga jan hankalin manoma su riƙa barin tohon yana girma, dabarar da aka sa wa suna sassaben zamani, wadda daga baya aka kai ta Humbo a kudancin Habasha. A Maraɗin ne kuma aka gwada garin ƴaƴan wani itace na Ostareliya, dangin bagaruwa, tsohuwar cimakar ƴan asalin ƙasar, ana gauraya shi da garin hatsi. A Adar, aikin Keita da aka soma a 1984 da taimakon Italiya ya mai da itatuwa bisa fako da tsaunuka. Inda itace ya dawo, ganyen miya ya dawo.

Sai dai itace yana tohowa daga kututture, amma sani ba ya tohowa in mai shi ta kau. Tsohuwar da ta san kwana nawa ake jiƙa anza, ta kuma iya raba ganyen ci da mai guba, ba ta rubuta kome ba, jikokinta kuwa sun fi sabawa da shinkafa da taliya. Nan ne aikin malaman makaranta da ƙungiyoyin al'adu yake: su zauna da waɗannan iyaye mata, su rubuta sunan kowane ganye da lokacin tsinkarsa da yadda ake dafa shi, tun masu sanin suna da rai.